Kalmar subneural a jikin dabbobi: ƙarƙashin wace jijiya ake nufi?

"Salamu alaikum Malam, da fatan an wuni lafiya. Ni ɗalibi ne a Marwa, shekarar farko a kimiyyar halittu. Ina karanta darasin tana sai na ci karo da kalmar subneural a wani littafin Turanci da yayana ya kawo min daga Yola, a littafin rubutun darasinmu na Faransanci kuma malami ya rubuta vaisseau sous-nervien. Na duba a waya an ce wai ma'anarta abin da ke ƙarƙashin jijiya. To wace jijiya? Jijiya ce a ƙarƙashin jijiya ko yaya? Kuma na sake ganin kalmar a wani wuri ana maganar tsoka, ba tana ba. Dan Allah a warware min da Hausa, kaina ya ɗaure."

Wa alaikumus salam ƙanena, Allah ya ba da sa'ar karatu. Tambayarka in na fahimce ta da kyau guda uku ce ka ɗaure a igiya ɗaya: me kalmar take nufi, wace jijiya ce ake cewa wani abu yana ƙarƙashinta, sannan me ya sa kalma ɗaya take yawo daga tana zuwa tsoka. Ni aikina na dabbobi ne a nan Garwa, shanu da awaki da tumaki, amma na daɗe ina taimaka wa 'yan lise, wato sakandare, da aikin labo, don haka tanar da na tsaga da hannuna ban san adadinta ba, kuma wannan ɗaurewar kan da ka yi kusan duk shekara sai na gan ta a fuskar wani yaro.

Abu na farko da zaka riƙe, subneural ba sunan wata gaɓa ba ce kamar yadda hanta ko saifa suke sunaye. Kwatance ce. Kamar ka tambayi mutum gidan wane ya ce maka bayan masallaci, ai bayan masallaci ba sunan gida ba ne, kuma a kowace unguwa bayan masallacinta daban. Kalmar gaɓa biyu ce, sub daga Latin ma'anarta ƙarƙashi, neural kuma daga kalmar Girkanci neuron. Faransawa suka fassara rabin farko suka ce sous, shi ya sa kake ganin sous-nervien a wani wuri, sous-neural a wani wurin, duk tafiyar ɗaya ce. Ka ma san wannan sub ɗin tun tuni ba ka lura ba ne, allurar ivamektin da muke yi wa shanu a ƙarƙashin fata ai sous-cutanée ake rubutawa a jikin kwalbar, maganin da ake sa wa a ƙarƙashin harshe kuma sublingual. Wani lokaci maimakon sub na Latin sai su ɗauko hypo na Girkanci, ka ga hyponeural a darasin halittar ruwan nan da ake ce wa tauraron teku, shi ma dai ƙarƙashin jijiya yake nufi. Saboda haka duk inda ka ga kalmar, kada ka tsaya a kanta, duba kalmar da take raka wa. Ita ce mai gidan.

Rigimar kalmar jijiya

Inda kanka ya ɗaure ba laifinka ba ne, Hausar ce ta haɗa abubuwa uku ko huɗu a suna ɗaya. Wadda nas yake nema a hannunka zai ɗebi jini, jijiya. Wadda take hana ka tauna suya har ka gaji ka tofar, jijiya. Wadda in ka bugi gwiwar hannu kaji kamar lantarki ya ja ka har ƙaramin yatsa, ita ma jijiya. Har saiwar bishiya wasu jijiya suke ce mata. To in aka ce maka akwai jijiya ƙarƙashin jijiya dole ka ce wasa ake da hankalinka.

Kuma ba mu kaɗai ba ne. Fulanin da nake aiki da su ɗaɗol suke cewa, kuma kalmar tana ɗaukar saiwa da hanyar jini da sauran su duka. Bafaranshe in ya ci nama mai tauri sai ya ce akwai nerfs a ciki, alhali agara ce ya tauna. Ita kanta neuron ɗin a tsohon Girkanci agara take nufi, har tsirkiyar baka da ita ake kira, tunda da agarar dabba ake yin ta. Sai wajen shekara 300 kafin haihuwar Annabi Isa wani likita a Iskandariyya ta Masar mai suna Herofilus ya zauna ya rarrabe, ya nuna cewa waɗannan fararen zaruruwan da suke fitowa daga ƙwaƙwalwa da laka daban suke da agara, daban suke da hanyoyin jini. Daga baya wani likita mai suna Galen a ƙarni na biyu bayan haihuwar Annabi Isa yana nuna wa jama'a a fili, ya yanke wata siririyar jijiya a wuyan alade mai ihu, nan take ihun ya ɗauke alhali aladen yana numfashi. Kaga su ma sun sha wannan wahalar kafin su gyara sunayensu.

Don mu fahimci juna a nan zan raba su uku. Mai ɗaukar jini zan ce mata hanyar jini. Mai ɗaure tsoka da ƙashi agara. Mai kai saƙo tsakanin ƙwaƙwalwa da jiki kuma jijiyar saƙo, kuma ita ce neural ɗin da ke cikin kalmarka. In kana son ka gane su da ido je ka mahauta da sassafe ka roƙi mai fawa ya bar ka ka duba cinyar baya ta akuya. Hanyar jini bututu ce, in ka yanka ta zaka ga rami. Agara tana sheƙi, tana da tauri, kuma in ka bi ta zata kai ka daga tsoka zuwa ƙashi. Jijiyar saƙo fara ce mai ɗan ruwan madara, ba ta da rami, tana da laushi fiye da agara, tana rarrabuwa kamar reshe, in ka bi ta sama kuma sai ta shige ƙashin baya.

Tana, wato inda ka tsinci kalmar

Yanzu vaisseau sous-nervien ya fito fili: hanyar jini ce da take kwance a ƙarƙashin babbar jijiyar saƙo ta tana. Shikenan. Amma bari in kai ka cikin tanar don ka gan ta, domin wanda ya gani da idonsa ba ya mantawa.

Da damina, Yuli zuwa Agusta, nake aiken yara bakin Binuwai ko wajen lambu su tono min manya, irin waɗanda masunta suke sa wa ƙugiya. Mukan sa su a ruwa mai ɗan alkol kaɗan har su daina motsi, saboda tsaga abu mai rai yana mutsu-mutsu zalunci ne kuma ba abin da zaka gani. Sai ka nemo bayanta. Nan ma yara suke fara kuskure don suna ganin tana ba ta da ciki da baya, alhali tana da su: bayan ya fi duhu kuma akwai wani jan layi da yake bi tsakiyarsa, cikin ya fi haske, in ka shafa shi da yatsa daga wutsiya zuwa kai zaka ji ɗan kaushi na ƙananan gashin da take dogara da su wajen tafiya. Ka kwantar da ita ciki a ƙasa a kan faranti mai kakin zuma, in babu ko tsohon silifas ma yana yi, ka kafe kai da wutsiya da allura, ka tsaga fatar baya da reza a hankali ɗan gefe da jan layin nan, ka buɗe fatar dama da hagu kana kafewa, sannan ka zuba ruwa ya rufe ta don kayan cikin su taso su rabu da juna.

Abin da zaka gani kamar gidan bene ne. A can sama hanyar jinin baya, ita ce jan layin da ka gani ta waje, kuma ita ce mai bugawa tana tura jini zuwa wajen kai. Ƙarƙashinta hanji, dogo tun daga baki har wutsiya, cike da ƙasa. A gaba kusa da kai akwai wasu kauraran hanyoyin jini da suka zagaye maƙogwaro kamar awarwaro, su ake ce wa zukata, a tanar Turai da littattafai suka fi zanawa, wato Lumbricus terrestris, guda biyar-biyar ne dama da hagu daga gaɓa ta 7 zuwa ta 11, in ka ƙirga zobban jikinta daga kai. In ka ɗaga hanjin ka cire shi a hankali, nan ne yara suke ɓata aiki don in ya fashe ƙasa ta cika ruwan sai an sake, zaka ga hanyar jinin ciki, wadda take mayar da jini zuwa wajen wutsiya tana rarraba shi ga jiki. Ƙarƙashinta sai wani farin zare mai ƙulli-ƙulli, kowace gaɓa da ƙullinta. Wannan shi ne babbar jijiyar saƙo ta tana, abin da yake mata aikin da laka take mana. To sa bakin allura ka ɗan ɗaga farin zaren nan. A manne da shi ta ƙasa, tsakaninsa da fatar ciki, akwai wani jan zare siriri kamar gashi. Shi ne abin da ka tambaya.

Na tuna wata yarinya 'yar aji na ƙarshe da ta yi kusan rabin awa tana nema, har ta ce Malam wallahi tawa ba ta da shi, ashe ta riga ta ɗago shi tare da farin zaren yana lilo a bakin allurarta. Da na sa mata gilashin ƙara girma ta gani sai ta yi shiru, can ta ce to ai da an ce mana a manne yake. Gaskiyarta, zanen littafi yana ware su ya bar fili tsakani, a jikin tana kuwa babu wannan filin. Amma in an yi adalci ba kowane dangin tana ne yake da wannan hanyar jinin ba, masu rarraba tana dangi-dangi ma suna amfani da samuwarta ko rashinta wajen gane iri, don haka in wata rana ka nema da kyau ka rasa ba lallai idonka ne ya gaza ba.

Aikinta fa? Tana ba ta da huhu, da fata take numfashi, shi ya sa in rana ta busar da ita take mutuwa. Jininta ja ne saboda akwai himoglobin, sinadarin da ke ɗaukar iska a jini, sai dai nata narke yake a ruwan jinin, ba a cikin ƙwayoyi ba irin namu. Wannan siririyar hanya tana karɓar jini daga ɓangaren fatar ciki da kewayen jijiyar saƙon, jinin yana gangarawa wajen wutsiya, kuma gaɓa-gaɓa akwai ƙananan rassa da suke hawa da shi ta gefe su zuba a hanyar jinin baya. Akwai kuma wasu ƙanana biyu a dama da hagun farin zaren, su kuma sunansu na gefen jijiya, ka ga dai duk kwatance ne da jijiyar saƙon a matsayin masallacin unguwa.

Me ya sa a saniya ba ka jin wannan sunan

Ga inda abin yake da daɗi. Ka tsaya wajen mai fawa lokacin da ya raba saniya biyu. Laka tana ina? Tana can sama cikin ƙashin baya. Ƙarƙashin ƙashin sai babbar hanyar jini, ƙarƙashinta tumbi da hanji, zuciya kuma tana can ƙasa wajen ƙirji. Yanzu koma kan tana: mai buga jini a sama, hanji a tsakiya, jijiyar saƙo a ƙasa. An kife kenan. Haka fara take, wannan da muke ci da yaji, bututun zuciyarta a baya yake, igiyar jijiyarta a ciki. Haka jatan lande, matsattsaku ma jijiyarta a ciki take. Mu da saniya da kaza da tarwaɗa jijiyarmu a baya, su tasu a ciki.

Wannan ne ya sa kalmar take da amfani a tana amma a saniya ba ta tsinana komai. A saniya kusan duk kayan ciki ƙarƙashin laka suke, hanta, huhu, tumbi, to in ka ce abu yana ƙarƙashin jijiya ba ka nuna ko'ina ba, kamar ka ce gidanku yana ƙarƙashin sama. A tana kuwa abin da ya rage ƙarƙashin jijiyar ɗan mitsitsin wuri ne, duk abin da ya samu shiga nan ya cancanci a kira shi da wurin. A jatan lande ma akwai irinta, wata hanyar jini tana saukowa daga zuciya ta ratsa tsakanin igiyoyi biyu na jijiyar saƙon, ta koma ƙarƙashi ta rabu gaba da baya. Fara ita ba ta da wannan, jininta ba a bututu yake yawo ba, malala yake cikin jiki yana wanke kayan ciki, kuma ba shi yake kai iska ba, ƙananan bututun iska ne suke shiga ko'ina daga ramukan gefen jikinta.

Wani masani Bafaranshe, Geoffroy Saint-Hilaire, tun 1822 ya kwantar da wani babban jatan lande na teku rigingine ya ce ku duba, in an juya shi tsarinsa ya zama irin namu. Aka yi ta masa dariya shekara da shekaru. Sai a shekarun 1990 masu binciken ƙwayoyin gado suka gano cewa sinadaran da suke gaya wa ɗan tayi nan ne baya nan ne ciki iri ɗaya ne a ƙuda da kwaɗo, sai dai suna aiki a juye. Ni wannan labarin yana burge ni, ko don yadda mutumin ya hango abu da ido kawai.

In kana son ganin yadda ake kwatance a namu ɓangaren, gobe in an soya karfasa ko giwan ruwa ka ɗauki ƙashin wajen wutsiya ka duba. Kowane ƙulli yana da ƙaya ɗaya sama ɗaya ƙasa, kuma a gindin kowace ƙaya akwai ɗan rami. Ramin sama laka ce take bi, shi ake kira da sunan neural. Ramin ƙasa hanyar jini ce take bi, amma ba a ce masa subneural, da sunan jini ake kiransa. Sunayen nan al'ada ce ta masana, ba duk abin da ke ƙarƙashin jijiya ne ya gaji sunan ba.

Akwai kuma wata 'yar halittar teku da zaka haɗu da ita a shekara ta biyu, Faransawa suna ce mata ascidie, kamar 'yar salka mai baki biyu take, tana manne da dutse ko jikin jirgi, in ka matsa ta sai ta feso ruwa. Mu 'yan arewa sai dai wanda ya je Kiribi ko Limbe can bakin teku, ni kaina a kwalba na gan ta cikin ruwan adanawa, ban taɓa tsaga ɗanya ba. Tana da ƙullin jijiya guda ɗaya a matsayin ƙwaƙwalwa, a jikinsa kuma akwai wani ɗan ƙullutu da tsofaffin littattafai suke kira subneural gland. Daga baya aka lura a wasu dangin a saman ƙwaƙwalwar yake zama ba a ƙasa ba, shi ya sa sababbin littattafai da yawa suka jefar da sub ɗin suka bar neural kawai. Kwatance kenan, in gida ya tashi sai ya zama ƙarya.

Wadda ka gani a darasin tsoka

Wannan ita ce ta fi shafar aikina, kuma a nan ƙarƙashi ya canza ma'ana, ka lura da kyau. A tana, ƙarƙashi yana nufin ta wajen ciki, ɓangaren da yake kallon ƙasa. A tsoka ba ruwansa da ciki ko baya. Jijiyar saƙo tana tafiya har ta iso kan zaren tsoka, ta baje ƙafafunta a kai kamar yadda kaza take taka ƙasa. To wurin da ta taka ɗin, wato fatar zaren tsokar da ke daidai ƙarƙashin tafin, shi ake nufi, ko da tsokar a fatar ido take ko a wutsiya.

Wani Bafaranshe mai suna René Couteaux ne ya bayyana wurin a shekarun 1940 ya sa masa suna appareil sous-neural. Da ya rina tsoka ya duba a madubin ƙara girma sai ya ga wasu layuka jere kamar haƙoran matsefi a ƙarƙashin bakin jijiyar. Da aka samu madubi mai aiki da lantarki aka ga ashe fatar tsokar ce ta nannaɗe ta yi kunya-kunya kamar gonar da aka yi wa huɗa. Jijiyar ba ta taɓa tsokar ba, akwai ɗan rata tsakani wajen nanomita 50, wato in ka raba milimita ɗaya gida dubu ashirin ka ɗauki ɗaya. In saƙo ya iso sai bakin jijiyar ya fesa wani sinadari, asetilkolin, ya tsallaka ratar ya sauka a kan wasu 'yan ƙofofi da suke cunkushe a saman kunyoyin, ƙofofin su buɗe, tsoka ta tsuke. A cikin ratar kuma akwai wani mai shara, asetilkolinestaras, aikinsa ya farfasa sinadarin nan take don tsokar ta saki ta jira saƙo na gaba. Duk motsin da ka yi yau, har rubuta min tambayar nan da babban yatsa, ta wannan wurin ya bi.

Kada ka ɗauka karatun allo ne kawai. Wata shekara bayan damina wani dattijo makiyayi ya kira ni hankali tashe, kaska ta dami awakinsa, wani ya ba shi shawara ya wanke su da ragowar maganin feshin auduga, ya kuwa dama shi da kauri. Ko da na isa uku suna kwance. Yawu yana dalala kamar an buɗe famfo, zawo, ƙwayar ido ta tsuke sosai, numfashi yana ƙara, abin da ba na mantawa kuma shi ne fatar jikinsu, tsoka tana rawa a ƙarƙashinta wuri-wuri kamar akwai tsutsotsi suna yawo. Ya ce min Likita ko iska ce ta taɓa su. Na ce Baba ba iska ba ce, kawo min galan ɗin. Irin maganin nan na dangin oganofosfet abin da yake yi shi ne ya ɗaure mai sharar nan, sai asetilkolin ya taru ba mai kwashewa, tsoka ta yi ta karɓar umarni ba hutu har ta gaji ta shanye, in ta kai ga tsokar numfashi shikenan. Muka wanke su da sabulu da ruwa mai yawa, na yi musu allurar atirofin, biyu suka tashi ɗaya ta tafi. Kuma ga wani abu da ɗalibai suke mamaki, atirofin yana tsayar da yawu da zawo ya buɗe ƙirji, amma ba ya hana rawar tsokar, saboda ƙofofin da ke kan tsoka wani iri ne daban da waɗanda yake toshewa, wannan sai wani magani daban mai kwance mai sharar, wanda ba kasafai ake samunsa a ƙauye ba. Irin wannan gubar ce a maganin sauro da na ƙwari masu diklobos da ake zubawa a ɗaki, don haka in mutum ne ya sha ko ya shaƙa har ya fara irin alamun nan, asibiti kai tsaye, ba madara ba manja ba jira.

Maciji ma wani a nan yake kai hari, amma ta ɗaya gefen. Dafin wasu na dangin kumurci yana zuwa ya zauna a kan ƙofofin ya toshe su, saƙo yana zuwa ba mai karɓa, sai ka ga fatar ido ta fara faɗuwa, haɗiya ta gagara, numfashi ya yi rauni. Kububuwa kuwa, wadda ta fi yi mana ɓarna a gonakin kwarin Binuwai, ba ruwanta da wannan wurin, ita jini take hana daskarewa. Shi ya sa ake tambayar wane irin maciji ne kafin a ɗauko magani.

Na ɗan yi nisa, amma da gangan ne, don in ka riƙe akuyar dattijon nan ba zaka sake haɗa na tsoka da na tana ba.

Littafin na Yola ba ya gabana, saboda haka ba zan rantse maka a kan wace jimla ka tsaya ba, amma tunda darasin tana ne kuma malaminku ya rubuta vaisseau, hanyar jini ce, ba shakka. In kalmar da ke biye da ita gland ce, kana wajen 'yar salkar teku. In apparatus ce ko appareil ko ana maganar kunyoyi da rata, kana kan tsoka. A jarrabawa in aka ba ka zanen tana da aka yanka a gicciye aka ce ka sa sunaye, fara daga sama ka sauko kana ƙirgawa: hanyar jinin baya, hanji da ɗan labulen da ya sauko cikinsa, hanyar jinin ciki, jijiyar saƙo, sannan ɗan ɗigon ƙarshe kafin fata. Inda ake faɗuwa shi ne a ɗauki hanyar jinin ciki a ce ita ce sous-nervien don an gan ta a ƙasa, alhali ita a saman jijiyar take, ƙarƙashin hanji. Akwai ma dabarar gane sama da ƙasan jijiyar in zanen ya juye maka: a cikinta zaka ga wasu da'irori uku fayau a jere, ɗaya babba a tsakiya biyu a gefe, manyan zaruruwa ne masu kai saƙon gaggawa, su suke sa tana ta zabura ta shige rami in ka taɓa ta. Waɗannan ukun kullum ta sama suke. Ɗigon da ke ɗaya gefen, nesa da su, shi ne naka.

In ruwa ya sauka a Marwa ka je bakin mayo, wato kogi, ka tono manya guda uku ko huɗu, ta farko dai ka sa a ranka zaka fasa mata hanji, kowa haka ya fara. Ka ɗauki hoton abin da ka samu ka turo min, amma ka zuba ruwa ya rufe ta kafin ka ɗauka, in ba haka ba duk zaruruwan manne wa juna suke yi ba abin da zan iya nuna maka.